Ƙofa Tara a Cikin Jan Hazo

Wanda ya shigo Bauchi ta hanyar Jos, duwatsu ne ke fara yi masa maraba tun bai hango rufin gida ko ɗaya ba. Mota na gangarowa daga tudun Filato, a bar Tilden Fulani da Magama Gumau a baya, a wuce Nabordo, sai dutsen Zaranda ya taso a gefen hanya. Daga nan ba za su rabu da kai ba har ka shiga gari. Wasu curi-curi ne a ɗore kan juna, wasu shimfiɗaɗɗu, wasu sun tsage biyu itace ya tsiro a tsakani. A tsakiyar waɗannan duwatsu Malam Yakubu, almajirin Shehu Usmanu ɗan Fodiyo kuma mai riƙe da tutarsa, ya kafa birni a 1809, a wurin da masu tarihin baka suka ce wani maharbi mai suna Baushe ne ya nuna masa. Ganuwar garin yawancinta ta kwanta, gidaje sun hau kanta, amma ƙofofin suna nan a bakin mutane. Ka ce wa mai keke Napep ya kai ka Wunti, ko Ƙofar Ran, ko Nassarawa, ko Jahun, ko Wambai, ba zai nemi kwatance ba. Tara ake lissafawa in an haɗa da Dumi da Inkil da Tirwun da Wase.

Ɗaurin aure ne ya kai ni, a ƙarshen watan Nuwamba, amfanin gona ya zo gida, hazo kuma bai riga ya kankama ba. Na sauka gidan wani tsohon abokin karatuna a Yalwa, ta hanyar Dass, unguwar da ɗalibai suka cika saboda jami'a da ke kusa. An karrama ni da masa da miyar taushe, kuma duk wanda ya ci masar Bauchi ya san ba yabon banza ake yi mata ba. Muna wanke hannu maigidan ya nuna babban ɗansa da baki, saurayi siriri mai karatun fiziks, ya ce, "Wannan ɗan naka sai dare ya raba yana zane-zane a littafi. Kai da ka san harkar rubutu, duba mana ko abin kirki ne."

Yaron ya yi jim, kunya ta kama shi, sannan ya shiga ɗaki ya ɗauko. Littafi ne mai bango mai kauri, irin wanda 'yan kasuwa ke rubuta bashi a ciki, gefensa ya yi baƙi don yawan buɗawa. Ya buɗe tsakiya. Shafi biyu cur taswira ce, an yi ta da biro ja da baƙi da shuɗi, kuma ba a ja layi ko ɗaya ba wajen fitar da siffar abin. Ɗigo ne zalla, dubbai, inda suka yi cunkoso jan ya yi duhu, inda suka warwatsu farin takarda ya leƙo.

"Baba, wannan shi ne Jan Hazo," in ji shi. "Babu shi a sama, kada ka wahalar da kanka nema. Ni na yi shi."

Gajimaren taurari ne, wanda masana sararin samaniya ke kira nebula: tarin ƙura da iskar gas mai faɗin da haske kansa sai ya shekara da shekaru kafin ya ƙetare, inda sababbin taurari ke kunnuwa. Na gaskiya suna nan birjik a sama. Nasa na ƙirƙira ne, kuma ya zuba mutane a ciki. Da yatsansa a kan takarda ya zaga da ni, ni kuwa na bi shi yadda baƙo ke bin ɗan gari.

A Jan Hazo babu shimfiɗaɗɗiyar ƙasa irin tamu. Manyan duwatsu ne ke shawagi, kowane da garinsa a bisa, kuma ina ganin yadda ya zana su na gane daga ina ya ɗebo su, domin waɗanda na baro a hanyar Zaranda ne aka tumɓuke aka rataye a sama. Mafi girmansu shi ke ɗauke da babban birni, mai ganuwa da ƙofa tara. Rana babu. Haske yana zuwa daga wasu matasan taurari da ke tsakiyar hazon, mutanen wurin suna ce musu 'Yan Huɗu, kuma da yake hazon kansa yana ƙyalli, ba a taɓa yin dare sosai, sai dai wani jan almuru da ba ya wucewa. Mutanensa ba su san baƙin dare ba, saboda haka ba su da tsoron duhu, sai tsoron haske mai yawa.

Ruwa shi ne dukiyarsu kuma shi ne tashin hankalinsu. A gefe guda na taswirar akwai inda ya cika da baƙin biro har takarda ta kusa hujewa. Nan ne Baƙin Kwari, inda ƙura ta yi kauri ta tare haske, sanyi ya daskarar da komai. Can fatake ke zuwa saro ƙanƙara. Ayari ne sosai, da madugu, da jagaba mai shiga gaba, da zango-zango a kan ƙananan duwatsu, da kuɗin fito da ake biya a ƙofa idan an dawo. Abin hawansu jirage ne masu manyan filafilai na jemammiyar fata. Na ce masa, "To ɗana, ina iskar da za ta tura su?" Nan idonsa ya kawo haske. Ya ce haske kansa yana turi, ƙanƙane ne ƙwarai, amma a wurin da babu abin da ke tare hanya yana taruwa ya zama gudu, kuma Japan ta gwada haka da wani kumbo mai suna IKAROS a 2010, ya yi tafiya da turin hasken rana. Da na tambaye shi numfashi fa, sai ya sunkuyar da kai ya ce kowane dutse ya ba shi tasa iskar. "Nan kam alfarma na yi wa kaina, Baba. Labari ne."

Labarin kuwa ga shi. 'Yar madugu ce ke riƙe wa mahaifinta lissafin kwanakin tafiya, ita ta fara lura cewa ƙanƙarar Baƙin Kwari tana zuwa da laushi, kuma tsakiyar kwarin ta fara ɗumi. Tauraruwa ta biyar ce ke shirin kunnuwa a daidai inda garuruwa ke shan ruwa. Ranar da ta kama, za ta narkar da ƙanƙarar, ta kore ƙurar, kwarin ya zama fili. Fadawa ba su yarda ba, domin lissafinta ya saɓa wa tsohon kundin da aka gada, kuma mai maganar yarinya ce. Inda ya tsaya ke nan, tana durƙushe a zauren fada da buhun narkakkiyar ƙanƙara yana ɗiga a gabanta.

Na daɗe ban ji daɗin wani abu na rubutu kamar wannan ba, kuma nan take Umaru Dembo ya faɗo mini a rai. A 1969, shekarar da Amurkawa suka taka wata, kamfanin ɗab'i na NNPC da ke Zariya ya buga littafinsa Tauraruwa Mai Wutsiya, labarin yaro Kilba da wani baƙon halitta, Ƙolin Ƙoliyo, ya ɗauka zuwa sararin samaniya. Da shi ake fara lissafi idan ana maganar ƙagaggen labarin kimiyya a Hausa. Maigidan ya tuna sun karanta shi suna yara. Ɗansa sunan kawai ya taɓa ji. Hanyar da Dembo ya share, ƙafafun da suka bi ta ba su da yawa, har ciyawa ta so rufe ta.

Washegari da hantsi muka je kabarin Sir Abubakar Tafawa Ɓalewa, wanda ba baƙon da ya kamata ya bar Bauchi bai gani ba. An buɗe ginin a 1979. Daga waje dogayen bangaye ne, ba ado. Ana shiga ta wani siririn lungu mai duhu da ke hawa a hankali, haske na ɗan tsargowa nan da can, kuma mai yi wa baƙi bayani ya ce duhun zamanin mulkin mallaka ne, hasken kuma begen 'yanci. Kana cikin lalube sai ka ɓullo fili. Ga kabarin a tsakiya, bangaye masu launi iri-iri sun kewaye shi, sama kuma buɗe, ba rufi. Muka yi masa addu'a. Na ɗaga kai, ba abin da ke tsakanin kabarin da sararin Allah.

Ina tsaye a nan na tuna abu biyu game da mai kabarin. Na farko, marubuci ne. Littafinsa Shaihu Umar yana cikin biyar ɗin da suka fito daga gasar da Rupert East ya shirya a Zariya a 1933, tare da Ruwan Bagaja na Abubakar Imam, da Ganɗoki na Bello Kagara, da Idon Matambayi na Muhammadu Gwarzo, da Jiki Magayi. Nasa ya tsaya a kan ƙasa, kan bauta da ayarin Sahara, su Imam da Kagara kuwa suka kai mu har ƙasashen aljannu. Tun ranar farko, ke nan, rubutun zube na Hausa da ƙafa biyu ya tashi, ɗaya a duniyar da ake gani ɗaya a wadda ake ƙagawa. Na biyu, ranar 23 ga Agusta, 1963, wannan ɗan Bauchi ya yi magana ta waya da Shugaba Kennedy na Amurka ta tauraron ɗan'adam mai suna Syncom 2, muryar tana bi ta wani jirgin ruwan Amurka, Kingsport, da ke tsaye a tashar Legas. Ba a taɓa yin irin wannan hira tsakanin shugabannin gwamnati biyu ba kafin su. A waɗannan shekarun kuma akwai tashar Amurkawa a Kano mai bin sawun kumbo, tana cikin waɗanda suka bi John Glenn da ya zaga duniya ranar 20 ga Fabrairu, 1962. Da na gaya wa yaron haka sai ya tsaya cak a bakin ƙofa ya ce, "Baba, a Kanon nan tamu?"

Daren ranar ne muka hau dutse. Ba wani babba ba ne, ɗan fako ne a bayan unguwa inda ake shanya hatsi, amma ya ishe mu mu bar fitilun shaguna da ƙarar janareto a ƙasa. Babu wata. Kakan yaron ya ce sai ya bi mu, tsoho ne manomi daga wani ƙauye ta wajen Dass, ya zo bikin, da sandarsa da bargonsa. Jikan ya rataya wani tsohon madubin hangen nesa mai ido biyu da ya saya a hannun 'yan gwanjo.

Sai da muka zauna kamar rubu'in sa'a, ido ya saba, sannan sama ta cika. Tsohon ne ya fara magana. Ya nuna Kaza da 'Ya'yanta da sanda, ya ce malamai Surayya suke ce mata, tana cikin taurarin bazara. Daga nan ya kama lissafi ba tuntuɓe. Na damina bakwai: Haƙ'a, Han'a, Zira'a, Nasara, Ɗarfa, Jabha, Harsan. Ya bi na kaka, da na ɗari, da na bazara, 28 cif. Kowace kwana 13 take yi, Jabha kaɗai ke da 14, in ka tara ka sami kwana 365. Da wannan lissafi yake sanin lokacin shuka da lokacin da ruwa zai yi nauyi, kuma da shi mahaifinsa ya yi noma.

Jikan ya ce, "Malam, ka taɓa ganin Haƙ'a da idonka?"

Tsohon ya ce a lissafi ya san ta, a ido kuwa ba wanda ya taɓa nuna masa, kuma yaya za a gan ta bayan lokacinta sama duk hadari ne. Yaron ya ce ko ba hadari ba za ta ganu ba a farkon damina, domin rana tana kusa da ita. Yanzu ne take fitowa da dare. Ya juya mu gabas. Ga wasu taurari uku a jere, masu haske, sun ɗan ɗago. Su ne tsakiyar wata babbar ƙungiya da Larabawa ke kira Jauza'u, Turawa kuma Oriyon. Daga gefensu na arewa, bayan wasu manya biyu, akwai wasu ƙanana uku a dunƙule, dishi-dishi. "Ga Haƙ'arka nan." Tsohon ya daɗe yana kallo, sannan ya ce, "Ikon Allah. Shekara nawa ina shuka da ita."

Sai yaron ya miƙo mini madubin ya ce in koma kan ukun nan masu jere, in gangara kudu da su kaɗan, inda wasu ƙanana ke reto, in tsaya a ta tsakiya. Da ido zalla ma ana ganin ba ta da kaifin sauran. A madubi kuwa ba tauraruwa ba ce sam. Wani farin tabo ne mai fukafukai, kamar garin da ke tashi daga faifai idan mace na tankaɗe a hasken fitila. Ya ce kada in zura mata ido kai tsaye, in ɗan kauce gefe, gefen ido ya fi kama haske mai rauni. Na yi haka, sai tabon ya ƙara faɗi.

Wannan shi ne gajimaren Oriyon, na gaske, uban Jan Hazo. Nisansa daga nan wajen tafiyar haske ta shekara 1,350 ne, shi kuwa haske yana cin kilomita kusan 300,000 a daƙiƙa guda. Hasken da ya shiga idona a kan dutsen Yalwa ya baro gida tun wajen ƙarni na farko bayan Hijira. Faɗin gajimaren ya kai tafiyar haske ta shekara 24. A tsakiyarsa akwai matasan taurari huɗu masu tsananin zafi, sai da madubi mai ƙarfi ake rarrabe su, su ke haska gas ɗin kuma su ke kore shi, har sun rarake rami a ciki. Daga nan yaron ya samo 'Yan Huɗunsa, daga nan ya samo masifar da ke jiran Baƙin Kwari. Jan launin da ake gani a hotuna na iskar haidurojin ne, kyamara ke iya tara shi, idon mutum ba ya rarrabe launi a haske mai rauni haka. Wani Bafaranshe, Peiresc, shi ya fara rubuta cewa ya gan shi a matsayin gajimare, a 1610. Amma ƙarnoni kafin a ƙera madubin hangen nesa, a 964, Abdurrahman al-Sufi ya riga ya rubuta labarin wani ɗan tabo daban a littafinsa na taurari, ya kwatanta shi da ƙaramin gajimare. Shi ma mun gan shi a daren, can sama ta arewa. Sai a shekarun 1920 Edwin Hubble ya tabbatar cewa wannan ba gajimare ba ne, wata gagarumar tarin taurari ce daban da tamu, Andromeda, mai nisan tafiyar haske ta shekara miliyan 2.5.

Aka ba tsohon madubin. Hannunsa na rawa, jikan ya tallafa masa gwiwar hannu. Da ya samu wurin sai ya shiga tasbihi a hankali, bai ce komai ba bayan haka.

Bauchi ta yi sa'ar wurin zama. Tana wajen digiri 10 arewa da tsakiyar duniya, a kan tudu, saboda haka kusan duk sama tana ratsawa ta kanta cikin shekara. Oriyon kusan ta tsakar ka yake wucewa. Da bazara, idan ka fuskanci kudu da dare, akwai wani babban gajimare a ƙungiyar Karina da mutumin Ingila ba zai taɓa gani daga ƙasarsa ba ko ya mallaki madubin da ya fi na kowa. A Toro, cikin jihar nan, akwai cibiyar Hukumar Sararin Samaniya ta Ƙasa mai auna ƙasa da motsinta. An kafa hukumar a 1999, aka harba mata tauraron ɗan'adam NigeriaSat-1 a 2003. Ga jami'a a Yalwa da Gubi. Abin da nake roƙo ba shi da tsada: madubi ɗaya mai kyau, da malami ɗaya mai son abin, a riƙa kai shi makarantun sakandare a daren da babu wata, kuma a gayyato tsofaffi masu lissafin taurari su zauna tare da yaran. Tsohon nan da jikansa kowanne yana riƙe da rabin abu guda, kuma sai a kan dutsen suka haɗa.

Ina da ra'ayi kan ƙagaggun duniyoyi a rubutunmu, zan faɗe shi. Muna da littattafan yaƙi masu ɗimbin makaranta, irin na Abdul'aziz Sani Madakin Gini, kuma ina girmama duk wanda ya sa matashi ya kwana yana karatu da Hausa. Sai dai yawancin irin waɗannan labarai a Birnin Sin da Kisra da Misra suke faruwa, gadon Dare Dubu da Ɗaya, kuma sau da yawa idan marubuci ya shiga tsaka mai wuya sai ya kira aljani ko hatimin sihiri ya fitar da shi. Jan Hazo ya kama ni ne don abu biyu. Na iya yawo a cikinsa saboda na san ƙofofinsa, na san madugu, na san darajar ruwa a wurin da yake wahalar samu, na san yadda fada ke karɓar maganar yarinya. Sannan mai shi ya ɗaure kansa da dokokin sama na gaskiya, kuma daga cikin dokokin rikicin labarin ya fito. Tauraruwa ta biyar ba ta jin lallashi, ba ta karɓar toshiya. Dole mutanen su yi ƙaura ko su hallaka, dole wani ya sauke girman kai.

Da muka sauko aka kawo shayi a zaure, tsohon ya ce a karanta masa labarin tun daga farko. Ya saurara da ido a rufe, sannan ya kawo gyara biyu. Ya ce madugu ba ya tashi daga zango ba a yi addu'a ba, kuma jagaba ba ya cin abinci tare da ayari a ranar shiga wuri mai haɗari, yana can gaba. Na biyu ya fi nauyi. Ya ce yarinyar nan da me take lissafin kwana, tunda ba su da rana ba su da wata? In har za ta tsaya gaban sarki ta ƙaryata kundi, sai tana da nata taurarin da take bi ɗaya bayan ɗaya, kowace da kwanakinta da aikinta, yadda ko makaho zai iya bin lissafin ya gane ba ta yi ƙarya ba.

Yaron ya ce bai yi wannan tunanin ba. Ya jawo littafin, ya buɗe sabon shafi, ya ɗauki rula ya ja layi 28.

"Malam, sake faɗo mini su. Zan yi wa Jan Hazo nasa, amma sai na ga yadda naku ke tafiya."

"Rubuta. Haƙ'a. Idan ta kama aka sami ruwa, mai gero ba ya zama."

"Sai Zira'a?"

"Kai, ina ka bar Han'a? Goge ka sake."